Zaman Makokin Baba Alois

Mukaila, Allah ya jiƙansa da rahama, ɗan Aboabo ne a Zangon Kumasi. Ciwon kwana huɗu ya ɗauke mana shi a 2015, yana da shekara arba'in da ɗaya, kuma a nan Dubai aka binne shi. Bai bar gida ko mota ba. Amma duk wanda ya zauna da shi a unguwar Al Muraƙƙabat ya san abin da ya yi wa wani tsohon Bature.

Ya shigo ƙasar a 2009 yana goge gilasai a otal. Bayan shekara biyu wata Baturiya mai suna Verena ta ɗauke shi ya kula da mahaifinta, Alois. Tsohon ya haura tamanin, ƙafa ta ƙi, tunani ya fara zubewa. Daga ƙauyensu a Siwizalan ta ɗauko shi, inda ake jin Jamusanci, don babu mai duba shi a can. Tun da ya iso kuwa bai ce wa kowa uffan ba.

Shi Mukaila ba a raine shi ya shiga wurin babba ya wuce ba. Kullum da safe sai ya durƙusa gaban kujerar, ya haɗa ɗan Turancinsa: Baba, an tashi lafiya? Ya mutanen gida? Ya garin? Verena ta ce kada ya wahalar da kansa. Bai daina ba. Rana ta tara tsohon ya ɗago kai ya ce, "Ruwan tafki ya kai matakala ta uku."

Daga nan bakinsa ya buɗe. Yakan manta ya ci abinci, amma garinsu bai ɓace masa ba. Ƙauye ne da ya matse tsakanin dutse da tafki, titi ɗaya tak ya ratsa shi. Kakanninsu masunta ne da manoman inabi. Jirgin ruwa ya riga jirgin ƙasa isa can da shekara arba'in. An taɓa yin zabtarewar ƙasa ta binne gida goma sha ɗaya, shi ya sa har yau ba a gini a bayan coci. Samari sun watse birane neman aikin masana'anta, mutanen da suka saura ɗari tara da goma sha biyu. Mukaila ya haddace duka, har sunan mai tuƙa jirgin fito da matar da ke gasa burodi.

Ran Juma'a, ranar hutunsa, sai ya juye mana labarin a filat ɗin da muke haya. Alhaji Sabo, Bakano mai lodin kaya a kasuwar Murshid Bazar, shi ne abokin tsokanarsa.

"Ga Hakimin Tafki ya iso! Yau ku nawa ne a garin naku?"

"Ɗari tara da sha biyu, Alhaji, in ba a haihu ba tun jiya."

"Kai da ko iyo ba ka iya ba."

"Ni nawa sarauta ne, talakawa ke iyo."

Tsohon ya rasu a asibiti cikin 2013. Washegari da sassafe Mukaila ya yi abin da ya sani. Ya ture kujerun falo jikin bango, ya shimfiɗa darduma, ya dafa shayi tukunya guda, ya bar ƙofa a buɗe. Verena ta fito ta tsaya tana kallo.

"Mukaila, mene ne wannan?"

"Madam, mutane za su zo."

"Su wa?"

Ta yi masa bayani a hankali. Abokan aikinta za su aiko kati. Gawar za a tura gida, wata mai zuwa a yi ɗan taro a coci. Ya ce to, amma bai naɗe dardumar ba. Har la'asar mutum ɗaya ne ya taka ƙofar, mai kawo ruwan gora. Ita kuma tana zaune a kujerar uban, ita kaɗai, ba ta ci komai ba. Abin ya dami Mukaila. Mutum mai gari, mai dangi, a ce ya tafi babu wanda ya zo ya ce wa 'yarsa sannu?

Ya hau jirgin metro sai Murshid Bazar. Ya tarar da Alhaji Sabo tsakiyar kwalaye yana sa a ɗaure kaya.

"Alhaji, Baba ya rasu. Ina so gobe mu je gaisuwa."

"Ayya, sannu. Amma Mukaila, mutumin nan fa ba Musulmi ba ne."

"Ban ce a yi masa salla ba. 'Yarsa ce zaune babu kowa."

"Kwantena na rufewa gobe, habibi. Kuma mu ina muka san shi?"

"Wace shekara tafkin ya daskare har aka taka shi da ƙafa?" in ji Mukaila.

"Sittin da uku mana," in ji Alhaji, tun kafin ya yi tunani.

Masu ɗaurin kaya suka fashe da dariya. Alhaji ya cire hula ya sosa kai. "Ka cuce ni, ɗan Zango. Halas, shi ke nan, ƙarfe nawa?"

Mu goma sha huɗu muka je, Kanawa da 'yan Gana. Mariatu, wata 'yar Zango mai aikin wanki, ta ɗauko tukunyar wake da shinkafa a tasi. Verena ta buɗe ƙofa ta ga manyan riguna cike da baranda, ta ja baya. Mukaila ya ce, "Madam, baƙin Baba ne."

Aka tuɓe takalma, aka zauna. Kowa ya matso ya ce mata ya haƙuri, Mukaila na fassarawa. Ta yi ta gyaɗa kai. Can sai Alhaji Sabo ya gyara murya ya tambaya ko an sanar da mai jirgin fito, tunda tare suka yi makaranta da marigayi. Mariatu ta ce ita matar burodin take tausayi, an ce ita ma ƙafarta ta matsa mata.

Verena ta dube su ɗaya bayan ɗaya. Sai ta rufe fuska ta yi kukan da ba ta yi a asibiti ba. Babu wanda ya hana ta. Da ta natsa, ta ce mai jirgin ya rasu tun bara, ta ɓoye wa uban ne. Aka sake yi mata gaisuwar wannan ma.

Mariatu ta zuba mata abinci, ta karɓa ta ci da cokali, tana ba su labarin gidansu da ke kusa da mashigar jirgi. Mukaila ya zame ya shiga kicin. Kofunan shayi shida ne kawai a gidan, yana wankewa yana miƙowa.