Ranar Saukar 'Yata Na Hana Ta Tashi

A lokacin ni mace ce mai ji da kanta, matar babban ma'aikaci a Nassarawa GRA, irin matan da ko labulen falo ya karkace sai ransu ya ɓaci. Allah ya ba ni 'ya ɗaya tilo, shan-inna ya taɓa mata ƙafar hagu, da sanduna biyu take tafiya. Ina sonta kamar raina, amma ko ruwa za ta ɗebo sai in ce ta zauna. In baƙi sun zo kuwa, sai in lulluɓe mata ƙafa da mayafi, wai kada sanyi ya kama ta.

Tana da shekara goma sha huɗu aka sa ranar saukarsu ta Alƙur'ani a wata Islamiyya da ke Badawa. Akwai wani katun da take nacin kallo, na wata 'yar barewa mai ƙafa uku da uwarta ta hana bin garke zuwa rafi. Haushinsa nake ji, gani nake fama mata ciwo yake yi, har sau biyu ina kashe talabijin. Ashe shi ya zaburar da ita. Wata guda ta kwashe tana gwada tafiya daga gareji zuwa bakin get, don ta hau dandamali da ƙafarta ta karɓi allonta. Mai gadinmu ma ya sani, ni uwa ban tambaya ba.

Ana jibi biki na kira malaminsu na roƙe shi a kai mata allon inda take zaune. Na ce masa faɗuwa nake jiye mata. Gaskiyar ita ce ƙawayena na gayyato, ba na son su ga tana jan ƙafa. Da aka kira sunanta ta ɗauki sandunanta za ta miƙe, sai ga malam a gabanta da allo. Ta waiwayo ta dube ni. A mota ba ta yi kuka ba, da ta yi ma da ya fi mini sauƙi. Cewa kawai ta yi, "Mama, da kin bari na faɗi."

Yau tana jami'a, tana girmama ni, amma ba ta ƙara gaya mini abin da take shiryawa ba sai ta gama. Wannan yana ci mini rai. Iyaye masu yara irin tawa, ku binciki tausayinku da kyau, nawa dai kunya ce na sa mata sunan tausayi. Sauka sau ɗaya ake yi, ni kuwa na karɓe wa 'yata tata.