Shekarar da Saniya Ta Sauko Babu Furanni

Ortwin Rehle bai taɓa zama babban darakta ba, kuma ya sani. Ya ƙare ƙuruciyarsa yana yi wa tashar talabijin ta yankin Allgäu, a ƙasar Jamus, finafinan ƙauye: bukukuwa, rigimar gado, makiyaya. A Munich ba a san sunansa ba, bai kuma damu ba. Abin da ke cin ransa teburi ne, teburin dattawa a gidan cin abinci na ƙauyen matarsa Walburga.

Tun farkon aikinsa ya ɓata da su. Ya zo ɗaukar fim ɗin bikin saukowar shanu daga dutse da kaka, ya sa aka ɗaura wa saniyar gaba kambun furanni don hoto ya yi kyau. Alhali ba a ɗaura shi sai garke ya dawo cif, a shekarar kuwa saniyar Magnus, ɗaya daga cikin dattawan, ta faɗa kwazazzabo. Kowa ya gani a talabijin. Ba wanda ya zage shi. Sun dai daina matsawa su ba shi wuri a teburin.

Da ritaya ta matso, Walburga ta ce ita fa gida za ta koma, ya biyo ta ko ya auri kyamararsa. Sai tasha ta ba shi fim na ƙarshe, saukowar shanun dai. A shekarar ma tsawa ta kashe karsana. Shugabar shirye-shirye ta bugo waya ta ce masu kallo furanni suke so, wa zai ƙirga shanu? Ya ce to, amma ya bar kambun a mota. Ya ɗauki hoton saniyar gaba, kanta fayau, sai ƙararrawa a wuya.

Shugabar ta ce fim ɗin kamar jana'iza, ta jefa shi cikin shirye-shiryen hantsin Lahadi, lokacin ƙarancin masu kallo. Daidai lokacin da dattawan ke zama a teburinsu bayan coci ke nan, talabijin a kunne.

Ortwin ya shiga gidan cin abincin ana tsakiyar nunawa. Ya ƙwanƙwasa teburin don gaisuwa, kamar yadda al'adarsu take. Magnus, wanda haƙoransa sun ƙare, bai ko ɗago ba.

"Ɗan fim, ka tare mana talabijin da tumbinka."

Ortwin ya juya zai fita.

"Ina za ka? Zauna nan, mu ga shanunmu."

Benci ne mai tauri, ga iska na shigowa ta taga. Magnus ya yi ta mita wai an ɗauki saniyar ta gefen da ba shi da kyau. Ortwin ya amsa cewa haka ne, ya miƙe ƙafafunsa ƙarƙashin teburin.