Ta Gidimuni

Duk wanda ya saba cin kasuwar Gidimuni ya san Aliya mai ƙuli, ko da bai san sunanta ba. Ita ce doguwar dattijuwar nan da ke zama kusa da masu rake, da farantin ƙuli-ƙuli a gabanta da kwalaben man gyaɗa a jere, ba ta kiran mai saye, ba ta kuma jan ciniki. In ka taya ta girgiza kai, to ka ƙara ko ka yi gaba. Mutane na cewa ta cika tsare gida, kuma ba su yi mata ƙarya ba. Sai dai kaɗan ne suka san ba 'yar garin ba ce. A Birni aka haife ta, cikin Damagaram, a wani gidan dukawa da ke can cikin lungu, inda mota ba ta shiga sai dai a taka yashi da ƙafa.

Ita ce 'yar farin Iya Larai, kuma daga nan komai ya samo asali. Kowa ya san kunyar ɗan fari: uwa ba ta kama sunansa, ba ta wasa da shi a gaban mutane, ba ta nuna ta damu da shi. Mata da yawa kan yi ta sama-sama, in shekaru suka ja su sassauta. Iya Larai kuwa ta riƙe ta da hannu biyu, sai ka ce ita aka bar wa gadin al'adar. Ana yaye Aliya kakarta ta goya ta zuwa Gidimuni. Can ta yi wayo, can ta koyi suyar ƙuli, can aka aurar da ita ga Inusa mai lambu a bakin tafki. In wani sha'ani ya kawo ta Birni, tana shiga ɗaki uwar za ta tuna da wani aiki a tsakar gida. "Ta Gidimuni" take ce mata, shi ma a bayan idonta. Har wata 'yar maƙwabta da aka raɗa wa Aliya ta rasa sunanta a bakin Iya, ta koma Takwara har ta yi aure. Matan unguwa suna yabawa, suna cewa irin su Larai sun ƙare a duniya.

Aliya ba ta taɓa kai ƙara wurin kowa ba. Wa za ta kai wa, kuma ta ce an yi mata me? Ita ma da ta haifi nata na farin ta yi masa kunya daidai gwargwado. Ta binne Inusa, ta aurar da 'ya'yanta, furfura ta fito mata, amma ko sau ɗaya ba ta taɓa jin yadda sunanta yake a bakin wadda ta haife ta ba. Abin yana nan a ranta, ta danne shi don ta ga ba na faɗa ba ne.

Ana nan sai wata safiya Iya Larai ta faɗi a gindin randa tana shirin alwala. Aka kai ta likita, aka ce hawan jini ne, ɓarin jikinta na hagu ya shanye. Baki ya ɗan karkace amma magana na fita. Da aka gama abin da za a iya aka sallame ta, sai tambaya ta tashi: wa zai zauna da ita? Mijinta ya daɗe da rasuwa. Ɗanta Mahamud yana aikin gwamnati a Yamai, ƙanwarsa tana aure a Agadas da ƙananan yara. A ƙasar nan akwai biro, wato ofishin gwamnati, na haihuwa, akwai na mutuwa, akwai na wanda ya tsufa a aikin gwamnati ya ajiye. Amma tsohuwar da mijinta baduku ne, ita kuma ta ƙare ƙarfinta a dakan fura, bironta ɗaya ne, 'yarta. Ba wanda ya roƙi Aliya. Ta kife kaskon suya, ta ƙulle kayanta a zane, ta hau mota.

Wanda bai taɓa jinyar mai kwance ba ba zai san nauyin ɗan Adam ba. A juya ta dama, a juya ta hagu don kada baya ya yi gyambo. A ɗaga ta a sa kasko, a wanke, a shanya zannuwa, a shafa man kaɗanya a kafaɗu da ɗuwawu, a dama kunu a fifita. Duk wannan Aliya ta yi shi ba ta yamutsa fuska ba. Abin da ya fi ƙarfinta shi ne bango. Da ta shigo, Iya za ta mai da fuska bango. In za a yi wanka sai ta runtse ido har a gama. In Aliya ta kawo cokali bakinta sai ta datse haƙora, amma da wata maƙwabciya ta leƙo ta karɓi kwanon, sai ga baki ya buɗe. Magana kuwa ba a yin ta kai tsaye. Su biyu kaɗai a ɗaki, tsohuwar za ta dubi bango ta ce a gaya wa ta Gidimuni ruwan ya yi zafi. Aliya kuma ta amsa wa iska cewa an ji, za a sirka.

In da a gidan wani ta ga haka, da ta yi dariya har da hawaye. A nata gidan kuwa ciwo yake yi mata. Ta san al'ada ce, ta san macen da ta yi shekara da shekaru tana kauce wa idon 'yarta ba za ta ji daɗin wannan 'yar ta riƙa ganin tsiraicinta ba. Sani daban, zuciya daban. Kullum tana cewa a ranta yau dai za a dube ta, kullum kuma ƙeya take gani. Damina ta shigo ta same su a haka, ƙugun Aliya ya fara ciwo, aka kuma aiko mata cewa wata ta zauna a wurinta a kasuwa.

Gab da kaka Mahamud ya zo da labari mai daɗi. Ya ce wata ƙungiya ta kawo furoje, wato shirin taimako, cikin gari, suna koya wa matan unguwanni kula da tsofaffi marasa ƙarfi a gidajensu, su zo da safe su dawo da yamma, kuma ya yi ƙoƙari an sa Iya a ciki. Wadda aka turo ita ce Zuliha, wata bazawara mai jiki da fara'a, wadda ta daɗe tana karɓar haihuwa a unguwa. Ta iya aikinta, ba a rage mata komai ba. Ranar farko ta zauna bakin katifa tana zolayar tsohuwar cewa ta zo ne ta ƙwace mata miji a lahira, Iya ta yi dariya da rabin baki, ta shanye kunu tas, har da neman ƙari. Aliya na tsaye bakin ƙofa da tsumma a hannu tana kallo. Rabonta da ta ji kishi irin wannan tun tana yarinya.

Mahamud ya ja ta zaure. Ba da mugun nufi ya yi magana ba, tausayinta ya ji.

"Yaya, kin dai gani da idonki. Kunyarki ce ke hana ta cin abinci. Ki koma gida ki huta, ki kama sana'arki. In kin matsa za ta fi sakewa."

Maganar ta yi kama da gaskiya, shi ya sa ta yi zafi. Aliya ta koma ɗaki, ta tsaya daga bayan uwarta, ta yi abin da suka saba. Ta ce wa iska ana tunanin komawa Gidimuni, tunda an sami mai kula. Ta faɗa ta tsaya tana jira. Kalma ɗaya take nema, ko da ta bango ce, ko a ce a gaya wa ta Gidimuni ta dakata sai an gama kaka. Sai tsohuwar ta ce, "Allah ya kiyaye hanya."

To me kuma Larai za ta ce? Macen da ba ta iya kama sunan 'yarta ba, ita ce za ta buɗe baki ta ce kada ki tafi ki bar ni? Aliya ta fi kowa sanin wannan. Da maƙwabciya ce ta kawo mata labarin, da ita za ta fassara mata shi tiryan-tiryan. Amma ranar ba ta so ta fahimta. Ta gaji, kuma ta yi fushi, fushin da ta tara tun ranar da aka goya ta aka fita da ita daga gidan. Washegari da hantsi ta ƙulle zanenta ta tafi.

A Gidimuni sabuwar gyaɗa ta shigo, ta tayar da kaskonta, ta karɓi wurinta a kasuwa bayan 'yar hayaniya. Takan sa a kira mata Zuliha a wayar salula ta tambayi mai jiki, a ce da sauƙi, sai dai cin abincin ya ja baya. Ba ta zurfafa tambaya, don tana gudun a ce mata Iya ta fi walwala da ba ta nan. In an sami mai zuwa Damagaram takan aika da mai da ƙuli mai laushi, ta ce a jiƙa mata a kunu. Ta yi ta cewa in ta sayar da wannan suyar za ta leƙa, in ta sayar kuma sai ta sake aza wata.

Tana cikin tuƙa gyaɗa aka aiko cewa ciwon ya sake bugun Iya. Ta isa Birni da azahar, ƙafafunta duk yashi. Zuliha ta tare ta a tsakar gida ta ce Iya tana da rai, amma magana ta ɗauke gaba ɗaya, likita ya ce da wuya ta dawo. Daga nan ta riƙe hannun Aliya, ta ƙi saki.

"Akwai abin da ta hana ni faɗa miki, ta ce in na faɗa ba ta yafe ba. Allah ya yafe mini, ba zan iya riƙe shi ba. Tun da kika tafi, kullum da safe in ta ji motsina a bakin ƙofa, kafin ta ga ko wace ce, sai ta ce, 'Aliya ce?' In na ce ni ce, kunun ma sai na yi da gaske kafin ta sha."

Aliya ta dube ta. "Ta Gidimuni dai ta ce."

"A'a. Aliya ta ce, da bakinta. Ni da farko ma ban san wa take nufi ba."

Ta shiga ɗakin. Iya Larai na kwance rigingine, ta ƙanƙance, idanunta a buɗe. Wannan karon ba ta juya bango ba. Ko so ne ba ta yi ba, ko wuyan ne ya daina juyuwa, Aliya ba ta sani ba, kuma babu wanda zai gaya mata. Ta durƙusa ta ce, "Iya, ni ce." Leɓen tsohuwar ya yi rawa, ya yi rawa, yawu ya gangaro ta gefe. Aliya ta sa bakin zanenta ta share.

Ba ta sake komawa ko'ina ba. Ita da Zuliha suka raba aikin, kuma yanzu duk cokalin da ta kawo ana karɓa. Iya ta kai har tsakiyar bazara kafin Allah ya karɓi abarsa. A duk tsawon lokacin nan, kowace safiya in Aliya ta ɗauko kunu takan tsaya a bakin ƙofa, ta ɗan ja takalminta a ƙasa yadda za a ji motsi, ta saurara. Sai ta tabbata ba abin da zai fito daga ɗakin, sannan ta ɗaga labule ta shiga.