Majigin Mai Lofe a Filin Doka

Har gobe ban manta da ranar da na yi shiru a bakin aiki ba, ni da ko barci nake bakina ba ya hutawa. A shekarun hamsin ne, ina mai sharhi a sashen majigi a nan Kaduna. Ku da ba ku tarar da tsarin ba, a lokacin kashe muryar fim ake yi ɗungurungum, ni in riƙe lasifika in ba jama'a labari da Hausa, in zuba gishiri har ya fi miyar yawa.

Akwai wani Bature da ke rubuta mana labaran fim na noman auduga da tsabtar rijiya, muna ce masa Mai Lofe. Mutumin Beljiyam ne, daga ɓangaren masu yaren Filamanci. A ƙasarsu ɗan wasa ne, ya fito a fim, ya rubuta wasanni. A Kaduna kuwa babu mai jin yarensa ko ɗaya. Turawan Ingila sukan yi masa Faransanci don su kyauta masa, a zatonsu shi ne yarensa, ya yi murmushin yaƙe ya koma kusurwa ya ci abincinsa shi kaɗai.

Wata rana shugaban sashe ya ba shi izini a haska fim ɗinsa na can gida a filin Doka bayan magariba. Mai Lofe ya same ni ina gwada lasifika.

"Malam Tanko, yau ka bar muryar fim."

"Yallaɓai, in na yi shiru ai sai a tafi sayen likkafani."

"Na daɗe ba wanda ya yi mini magana da yarenmu," in ji shi da Hausarsa mai ɗingishi.

Na ajiye lasifika. Fim ya fara, ga Mai Lofe nan yana saurayi, ya fito a masunci, ba furfura ko ɗaya. Jama'a na jin yaren suka fashe da dariya. Wani ya ɗaga murya, "Tanko, kurkure baki suke yi ne?" Da suka ga ban tanka ba, suka fara sulalewa. Kafin a yi nisa, saura ni da shi da direban motar majigi da wata mai ƙosai da kayanta bai ƙare ba.

Mai Lofe bai ko waiwaya ba. Wata tsohuwa a fim ɗin ta leƙo ƙofa ta yi magana, sai na ji ya amsa mata daga kan benci, a hankali, tun kafin saurayin da ke jikin allo ya buɗe baki.

Da muna naɗe waya na tambaye shi me tsohuwar ta ce.

"Cewa ta yi in shigo, abinci zai huce."

Bai ƙara shekara ba ya koma gida, wai an buɗe talabijin ana neman 'yan wasa. Ko sun ɗauke shi, oho.

Mu a wannan aiki da yawan kawuna a fili muke auna nasara. Amma tun daga ranar, in aka kawo mana baƙon ɗan wasa, nakan fara tambaya da wa yake cin abinci.