Audugar da Kaka Yake Tashe Ni da Ita

Jiya matashin kaina ya yage, auduga ta leƙo, na tsaya ina kallonta kamar sakarya. Da irinta Kaka yake tashe ni daga mutuwa a saman soronmu na unguwar Hindawiyya, a Makka.

Kaka ya ɗan taɓa makarantar Turawa a Kano kafin ya kamo hanyar Makka a ƙafa. Can suka yi wani tsohon wasan Ingila, na sarkin da ya raba ƙasarsa ga 'ya'yansa mata, ya kori autar don ta ƙi yi masa daɗin baki. Duk shekara, in alhazai sun watse, Baba ya dawo daga dako a Mina, sai Kaka ya tara mu bayan la'asar, ya yafa tsohon harami, ya zama sarki. Ni ce auta. A ƙarshe yakan ɗauko ni kamar gawa, ya kara auduga a hancina. Aikina in hura ta, in buɗe ido.

A ainihin wasan, yarinyar mutuwa take yi. Kaka ya ce Turawan ma sun daɗe suna canja ƙarshen don ya fi ƙarfin zuciyarsu, shi wa zai hana? Mu dai mun san dalilinsa. Ya bar tasa autar a Sudan tana fama da zazzaɓi, a hannun wasu bayin Allah, da alkawarin zai koma. Bai koma ba.

Wata shekara wani alhaji ya kawo labarin autar tasa ta rasu tuntuni. Ina bayan ƙofa na ji. Inna ta murɗe kunnena ta ce, "Halas, ya binti, magana ta ƙare, 'yata. Ko da wasa kada Kakanki ya ji."

Da ranar wasan ta zo, ya ɗauko ni, gemunsa na ƙamshin lubban. Ya ce, "Numfasa, 'yata." Na hura. Ya dubi sauran yana murmushi, ya ce, "Kun gani? Tana nan." Ranar na ji ni kamar ɓarauniya, amma haka na ci gaba da hurawa duk shekara har Allah Ya karɓi ransa.

Abin da ke cin raina shi ne, tsohon yana zuwa Harami kullum, amma bai taɓa yi mata umra ko addu'ar mamaci ba, don mun hana shi sani.

Yau soron ya zama shaguna, jikokina ko sunan wasan ba su tambaya, Hausar ma da ƙyar suke ji. Ni nake yi mata umrar yanzu. Sai dai ni ba ubanta ba ce.