Wa Ya Amsa wa Madam Norbej?

Wutar da muke zagayewa muna yara ba ta itace ba ce. Sau ɗaya Kaka Dije, uwar Baba, ta hura gawayi a kasko a gidanmu na Minguettes, can kudancin Lyon a Faransa. Ƙararrawar hayaƙi ta kwarma ihu, 'yan kwana-kwana suka zo, maƙwabta suka sauko cikin sanyi suna tsine mana. Washegari Baba ya sayo mata 'yar na'urar ɗumama ɗaki mai jajayen wayoyi. Kaka ta harare ta, ta ce wannan ko gyaɗa ba za ta gasa ba, amma ita ta zama wutarmu. Da an yi magariba, Mama ta tafi sharar ofisoshi, Baba yana wajen tuƙi, sai ni da yayana Isuhu mu miƙe ƙafafu gabanta.

Kaka tana da nata salon buɗe tatsuniya. Sai ta ƙwanƙwasa katakon gado ta ce, "Baƙuwa a bakin ƙofa." Mu kuma mu ce, "Ta shigo ta sha ruwa." In ba a amsa ba, wallahi ko za a kwana ba za ta ƙara kalma ba. Isuhu, sarkin tsokana, ya taɓa toshe mini baki don ya gwada ta. Ta zauna tana jan carbi, ko kallonmu ba ta yi, sai da na cije shi na amsa.

Ta san na gizo da na kura, amma ni wadda nake naci a kai ita ce ta Madam Norbej, kuma ba tatsuniya ba ce ma. Kafin mu taru a Lyon, Kaka ta yi aikin jinyar wata tsohuwa a Paris, 'yar ƙasar Norway, ƙasar da bakin Kaka ya mayar Norbej, sunan kuma ya bi tsohuwar.

"Ba ta da kyau, ku sani," in ji Kaka. "Hanci kamar ludayi, murya irin ta mai tallan kifi. Ubanta ma masunci ne, a garin da rana ke yin yaji duk lokacin sanyi."

Da wannan hancin ta gudu zuwa babban birninsu ta shiga wasan kwaikwayo, a dandamali da silima. Ba a taɓa ba ta amarya ko sarauniya ba. Ita ce 'yar aiki, ita ce ungozoma, ita ce maƙwabciya mai tsegumi. Ta shigo da faranti, ta faɗi magana biyu, jama'a su kece da dariya, ta fita, kyakkyawar yarinyar wasan ta ci gaba da kukanta. A titi kowa ya san fuskarta, ba wanda ya riƙe sunanta. Da girma ya fara kama ta ta auri wani Bafaranshe mai gyara fitilun silima, ta biyo shi Paris. A nan aka ce harshenta ya yi nauyi, aiki ya ƙafe. Mijin ya mutu, ba ɗa ba jika.

Sai tsufa ya shiga kanta, Faransanci ya fara zubewa, ya bar ta da yaren garinsu. Kullum da safe ta ɗaura ƙyallen 'yan aiki a ƙugu, ta ɗora kofin kafe, gahawar Turawa, a faranti, ta tsaya bakin ƙofar falonta, ta ƙwanƙwasa, ta faɗi wata magana, ta jira. A sana'arsu ba a shiga sai an amsa maka. Masu jinyar da suka riga Kaka sai su ƙwace farantin su ce, "Madam, ai gidanki ne." Ita kuma ta kama kuka.

A nan Kaka kan ture kallabi gefe, ta miƙe wuya, ta zama Madam Norbej sak, har da ƙyafta ido. "Ni kuwa ranar farko na ji ƙwanƙwasa. Me 'yar Damagaram za ta ce? Na ce, maraba, bismilla, shigo! Kai, ku ga tsohuwa ta miƙe gam, ta tako, ta rusuna mini. Ni Dije, mai wanke bayan gidan mutane, aka kawo wa kafe aka rusuna!" Sai ta yi dariya har tari ya sarƙe ta. Haka suka riƙa yi kowace safiya, Madam tana zuba nata yaren, Kaka tana ba ta labarin ciwon gwiwa da Hausa. Ba mai jin wani, amma tsohuwa ta daina kuka.

Ƙarshen ne ba na so. Wani dangin mijin ya sayar da gidan, ya kai ta gidan tsofaffi. Duk lokacin da aka zo nan sai in ce, "To Kaka, a can wa yake amsa mata?"

"Ke dai Rabi kin cika tambaya. Tashi ki zubo mini ruwa a buta."

Haushi nake ji. Na ɗauka rowa take mini, ta ɓoye ƙarshen don gobe.

Yanzu ina zaune a Sevran, gefen Paris, ina aiki a kicin ɗin wani asibiti a Paris. Mama ta rasu, Isuhu yana wata ƙasa, Baba bayansa ya ƙare, ba ya iya ɗaga ko buhun shinkafa. Da Kaka ta fara faɗuwa a banɗaki, ta fara fita da zane ɗaya cikin sanyi, likita ya ce ba makawa sai an kai ta inda za a kula da ita. Ni ɗaki biyu gare ni, da yara, da aikin da ake fita tun asuba. Yanzu Kaka tana gidan tsofaffi a Vaulx-en-Velin, gefen Lyon. Ko a waya ba ma iya faɗa wa dangi na gida, kunya ce da ba ta wankuwa.

Ɗan Faransancin da ta tsinta ya tafi. Sunana ma ya tafi. Abin da ya rage shi ne ta ƙwanƙwasa ƙarfen gado ta ce, "Baƙuwa a bakin ƙofa." Ma'aikatan sun ɗauka fitsari take ji, ko ciwo, sai su kawo magani. Na koya wa wata ma'aikaciya 'yar Gine amsar, tana faɗa a karkace Kaka na karɓa, amma ba ta daɗe ba ta samu aiki wani wuri. Na kai 'yata, Kaka ta ƙwanƙwasa mata, yarinyar ta juyo ta ce, "Maman, elle dit quoi?" Wato, Mama, me take cewa? Na ji kamar in mare ta, alhali ni ce ban samu lokacin zama da ita gaban wuta ba.

Da ina yarinya na ɗauka darasin labarin shi ne a tausaya wa tsofaffi. Yanzu ina ganin Kaka tsoro take ji. Ta ga mace ta tsufa inda ba a jin yarenta, ta dube mu muna faɗa da Faransanci a kan wa zai zauna kusa da wuta, ta fara koya mana amsa tun da wuri.

Zuwana na ƙarshe, ta ƙwanƙwasa, na ce, "Ta shigo ta sha ruwa." Fuskarta ta washe, ta gyara zama, ta taɓa kallabi, ta buɗe baki. Babu komai. Ba gizo, ba kura, ba Madam Norbej. Ta dube ni a ruɗe, ta sake ƙwanƙwasawa, na sake amsawa. Haka muka yi ta yi har lokacin jirgin ƙasan da zai mai da ni Paris ya matso, ga aiki gobe da asuba.

Ina tsaye a baranda ina jiran asansar, na'urar sauka daga bene, sai na ji ƙarfen gado, da muryarta, ƙarama. Wata ma'aikaciya ta wuce ƙofar da kwandon wanki ba ta waiwaya ba. A nan na samu amsar tambayar da na yi ta yi wa Kaka, na kuma gane dalilin da ya sa take aike ni zubo ruwa a buta. Na ɗaga murya na amsa daga inda nake, amma kunnenta ya yi nauyi. Ƙofar asansar ta rufe tana ƙwanƙwasawa.