Ranar da Yaya Lufeyo Ya Yanke

Yayana Lufeyo Gondwe ya shekara ashirin da bakwai yana buga kalanda a wata ƙaramar maɗaba'a a Mzuzu. Ta coci, ta masu sayar da taki, duk shi ke jera musu ranaku. Mutum ne da ko gaisuwa sai ya auna ta.

Amma yana da wata kalandar a tsohon littafin makaranta, ta wata duniya da babu ita. Shi da 'yarsa Tawonga suka ƙago ta tun tana firamare. A samaniyar can wata biyu ne, Ja da Fari, kuma ba a shiga sabuwar shekara sai sun haɗu. Ita ke raɗa wa ranaku da shekaru suna, shi ke lissafi. Ranar da mota ta kaɗe Tawonga a hanyar kasuwa, a littafin sunanta Ranar Wanke Tukwane.

Bai yi kuka ba. Ni ma nawa hawayen da wuri suka ƙafe. Muna dawowa daga maƙabarta ya ɗauko reza ya yanke ranar daga littafin.

Da shekara ta kusa zagayowa dangi suka tashi kafa dutsen kabari. Mai sassaƙa yana jiran uba ya rubuto kwanan wata, uba ya ƙi. Na kai masa tuwon masara da ƙananan kifi, na tarar da shi a kan littafin.

Na ce, "Yaya, mutumin nan fa jibi zai koma Karonga. Kai da ka buga wa duk garin nan ranaku, guda ɗaya ta gagare ka?"

"Babu wannan ranar, Nyuma."

"To, ran da muka rasa ta fa?"

Ya juyo da littafin. "Duba. Kwanaki sun ƙare, Ja da Fari ba su haɗu ba. Sau tara ina yi, kullum saura kwana ɗaya."

"Ka haɗa su haka nan mana. Wa zai kai ka ƙara?"

"Tawonga ba ta yarda da coge."

Can ya zaro 'yar takardar ranar da ya yanke daga aljihun rigarsa, duk ta yi laushi. Ya lakato tuwo ya manna ta a gurbinta, ya sake lissafin, ya fita daidai. Sannan ya rubuta wa mai sassaƙa kwanan watan. Na jira in ji wani abu a raina, ban ji komai ba.

Ya miƙo mini takardar mai sassaƙa ya ce, "To, shekara ta shiga. Wa zai raɗa mata suna?"